Ina Bes Ya Shiga? Tambayoyi da Amsoshi Kan Sautin Faifan Metallica na 1988

A duniyar kiɗan hebi metal, wato kiɗan rok mai nauyi da ƙara, da wuya a samu faifan da aka daɗe ana cacar baki a kan sautinsa kamar "...And Justice for All" na ƙungiyar Metallica. Waƙoƙin da ke ciki ba a cika jayayya a kansu ba, kusan kowa ya yarda sun yi. Rigimar tana kan yadda aka haɗa sautin ne, musamman jitar bes, wato jita mai kaurin sauti, wadda mutum zai saurari faifan daga farko har ƙarshe bai ji ɗuriyarta ba. Fiye da shekara talatin ke nan ana wannan magana, har yau ba ta kwanta ba.

Wane faifai ne wannan, kuma su wa suka yi shi?

Shi ne faifai na huɗu na Metallica, ƙungiyar da aka kafa a Los Angeles ta Amurka a 1981. Ya fito a 1988 a ƙarƙashin kamfanin Elektra, da waƙoƙi tara masu tsayin kusan minti 65 gaba ɗaya, abin da ya sa sai da aka raba shi a faifan garmaho biyu. Mutum huɗu ne a ƙungiyar a lokacin: James Hetfield mai waƙa kuma mai jitar da ke riƙe da kiɗa, Kirk Hammett mai jitar solo, Lars Ulrich a kan ganguna, sai Jason Newsted mai bes, wanda shi ne sabon shiga.

An ɗauki sautin a situdiyon One on One da ke Los Angeles daga Janairu zuwa Mayun 1988, Flemming Rasmussen ɗan ƙasar Danmak ne furodusa. Haɗa sautin kuwa, abin da 'yan situdiyo ke kira miksin, a wani wuri dabam aka yi shi, situdiyon Bearsville da ke jihar New York, a hannun Steve Thompson da Michael Barbiero. Bob Ludwig ya yi gyaran ƙarshe, wato mastarin. A riƙe wannan rabon aikin da kyau, domin a nan gizo ke saƙa: wanda ya ɗauki sautin dabam, waɗanda suka haɗa shi dabam, kuma na farkon ba ya nan lokacin da ake haɗawar.

Da gaske ne babu bes a ciki, ko dai zuzuta maganar ake yi?

Akwai shi, amma an danne shi har ya zama kamar babu. Mai kunne da hedifon mai kyau zai ɗan tsinto shi a wuraren da jita ta lafa, kamar farkon "One" da tsakiyar "To Live Is to Die". Da zarar jitocin sun taso gaba ɗaya, shi ke nan, sai ya nutse.

Hanya mafi sauƙi ta gane girman abin ita ce a saurari ƙaramin faifan da ƙungiyar ta fitar a 1987, "Garage Days Re-Revisited". Newsted ɗin nan ne dai ya kaɗa, shekara ɗaya kacal kafin wannan, kuma bes ɗinsa yana gurnani a fili, ba sai an kasa kunne ba. Mutum ɗaya, hannu ɗaya, amma sakamakon ya sha bamban.

To ko Newsted ɗin ne bai iya ba, aka rufa masa asiri?

A'a. Kafin ya shigo Metallica shi ne ƙashin bayan ƙungiyar Flotsam and Jetsam ta jihar Arizona, yana kaɗa bes yana kuma rubuta mafi yawan waƙoƙinsu. Rasmussen da Thompson, waɗanda suka ji zallan bes ɗin shi kaɗai a situdiyo, duk sun faɗa a hirarraki dabam-dabam cewa kiɗan ya yi kyau ƙwarai, ya kuma zauna daram a kan lokaci.

Abin da za a iya ɗora masa ɗaya ne, kuma shi ma ya amsa. Ya shiga ɗaukar ɓangarensa daga shi sai mataimakin injiniya Toby Wright, babu wanda ya tsaya ya tsara masa abin da zai kaɗa. Sai ya yi abin da ya saba: duk inda jitar Hetfield ta taka, nan ya taka. Ga shi da 'yar robar kaɗa jita yake amfani, ba da yatsu ba kamar Cliff Burton, mai bes ɗin da ya gada, abin da ya ƙara sa sautinsa ya yi kama da na jita. Wannan ba laifi ba ne a kiɗan thrash, wato salon metal mai gudu irin na Metallica, da yawa haka suke yi. Sai dai a wannan faifan ya sauƙaƙa wa jita hanyar haɗiye shi.

Ta yaya jita za ta haɗiye bes? Ai kowanne da muryarsa.

Nan ne maganar take da daɗi, don haka bari mu ɗan daɗe a kai.

Ana auna kaurin sauti da sirantakarsa da ma'aunin haz, wato sau nawa iska ke kaɗawa a daƙiƙa ɗaya. Kunnen ɗan Adam yana kama daga wajen 20 zuwa wajen 20,000. Tsirkiya mafi kauri a jitar bes tana ba da haz 41, mafi kauri a jita ta yau da kullum kuma tana ba da 82, ninki biyu cif. Amma tsirkiya ba ta fitar da sauti ɗaya tak. Idan aka kaɗa ta 41 ɗin, tare da ita ake samun 82 da 123 da 164, haka har sama, galibi kowanne ya fi wanda ya gabace shi rauni. Waɗannan na sama su ne ke ba kayan kiɗa kamanninsa, su ne ke sa ka gane wannan bes ne ba ganga ba. Ka ga kenan, idan mai bes da mai jita suna kaɗa abu ɗaya a lokaci ɗaya, sautin bes na biyu ya faɗa kan na jita na farko, na huɗu ya faɗa kan na biyunta. Kunne kuwa idan sautuka biyu suka haɗu a wuri ɗaya, mai ƙarfin yake ɗauka ya watsar da ɗayan.

A yawancin faya-fayai ana magance wannan ta hanyar raba fili. A rage wa jita kauri, a bar wa bes ƙasa, a kuma buɗe masa wata 'yar kafa a tsakiya inda zai leƙo. Hetfield ya yi akasin haka. Salonsa a wancan lokacin shi ne ya kwashe tsakiyar sautin jitarsa, ya ɗaga ƙasa ya ɗaga sama. Wanda ya taɓa ganin ikwalaiza mai jerin maɓallai da ake turawa sama da ƙasa zai gane siffar: na gefe biyu a sama, na tsakiya a ƙasa. Sannan yana yawan danne tsirkiya da gefen tafin hannu yayin kaɗawa, abin da ke ba da wannan "jug-jug-jug" mai nauyi, kuma nauyin nan a filin bes yake zaune. Bai kuma tsaya a jita ɗaya ba, sai da ya ɗauki layi a kan layi, aka jera wasu a dama wasu a hagu. Kafin a zo kan Newsted, gidan ya riga ya cika.

Duk da haka, da an so a ji shi da an ji shi. Injiniya zai iya yanke ƙasan jita kaɗan, ya ɗaga tsakiyar bes, cikin mintuna an gama. Cunkoson sautuka ya bayyana dalilin da ya sa aikin ke da wuya, bai bayyana dalilin da ya sa aka ƙi yin sa ba.

Wa ya ba da umarnin a rage shi?

Labari biyu ne, kuma ba lallai ne ɗaya ya ƙaryata ɗaya ba.

Steve Thompson, a wata hira da ya yi a 2015, ya ɗora abin kacokan a kan Lars Ulrich. Ya ce ya riga ya tsara sautin yadda yake so, Hetfield ma ya nuna ya gamsu. Ulrich ya shigo, ya sa aka mayar da ganguna yadda shi yake so, sannan ya ce a sauke bes har sai an kai inda da ƙyar ake jin sa. Da aka kai nan, sai ya ce a ƙara sauke shi da desibel biyar. Thompson ya ce ya waiwaya ya dubi Hetfield, shi kuwa ya ɗaga hannuwa kawai. A daren ya kira manajojin ƙungiyar ya ce zai ajiye aikin, aka lallashe shi ya zauna. Desibel ma'aunin ƙarfin sauti ne, kuma biyar ba wasa ba ne: shida ne ke raba ƙarfin siginar sauti biyu. A cire kusan wannan daga abin da tun farko da ƙyar ake ji, me ya rage? Thompson ya ƙara da cewa a 2009, wajen bikin shigar da Metallica zauren karramawa na Rock and Roll Hall of Fame, Ulrich ya tambaye shi wai me ya faru da bes a faifan nan.

Hetfield kuma ya ce gajiya ce. A lokacin haɗa sautin ƙungiyar tana cikin rangadin Monsters of Rock tare da su Van Halen da Scorpions, daga ƙarshen Mayu zuwa ƙarshen Yulin 1988, suna wasa a manyan filayen wasanni. Duk ranar da babu wasa sai shi da Ulrich su hau jirgi zuwa Bearsville, su yi aiki, su koma. Ya ce kunnuwansu sun riga sun ƙone, don haka suka yi ta ƙara siririn sauti don su ji, har kaurin ya ɓace. Wannan bayanin yana da tushe: kunnen da ya sha ƙara, siririn sauti yake fara rasawa, mai shi kuma sai ya ga kamar komai ya dushe, ya yi ta ƙari.

Ni dai a ganina duka biyun sun faru. Mutum biyu ne suka shiga ɗakin da ikon yanke hukunci, ɗaya mai ganga ɗaya mai jita, kowanne yana so a ji nasa. Mai bes ba ya ɗakin, furodusan da ya san darajar abin da ya ɗauka shi ma ba ya ɗakin. Wanda ba ya nan kuwa, kasonsa ake fara taɓawa.

An ce da gangan aka yi, don a wulaƙanta sabon shiga. Haka ne?

Ruwa ba ya tsami banza. Cliff Burton, mai bes ɗin da Newsted ya gada, ya rasu ranar 27 ga Satumban 1986 lokacin da motar ƙungiyar ta kife a kusa da garin Ljungby na ƙasar Suwidin, yana da shekara 24. Burton ba ɗan rakiya ba ne. Shi ya fi sauran sanin ilimin kiɗa, yana kaɗa bes kamar mai jitar solo, kuma sauran suna jin maganarsa. Wata ɗaya da 'yan kwanaki bayan rasuwarsa aka ɗauki Newsted, suka koma kan hanya ba tare da sun zauna sun yi jimami ba. Su da kansu sun amsa daga baya cewa sun sauke baƙin cikinsu a kansa, da tsokana da cin fuska na shekaru.

Amma a ce sun zauna sun ƙulla cewa za su goge shi daga faifan, wannan Hetfield da Ulrich duk sun musanta. Abin da ya fi kama hankali shi ne ba su damu ba ne kawai. Da Burton ne ya kaɗa layukan nan, da wuya wani ya iya buɗe baki ya ce a sauke su.

Ina Rasmussen yake har aka yi haka? Ba shi ne furodusa ba?

Shi ne, amma an ɗauki masu haɗa sauti tun kafin ya iso. Rasmussen ya yi aiki da su a faya-fayai biyu da suka gabata, "Ride the Lightning" na 1984 da "Master of Puppets" na 1986, duka a situdiyon Sweet Silence da ke Copenhagen. Da aka tashi wannan aikin yana da wani a hannu, sai suka ɗauko Mike Clink, wanda ya yi wa Guns N' Roses faifansu na farko a 1987. Tafiyar ba ta yi daɗi ba. Bayan 'yan makonni Ulrich ya kira Rasmussen, ya zo a Fabrairu ya karɓa. Sunan Clink ya rage a faifan a matsayin wanda ya ɗauki gangunan waƙoƙi biyu, "The Shortest Straw" da "Harvester of Sorrow".

Rasmussen ya gama ɗauka ya koma gida. Ya sha faɗa cewa shi ma sai da faifan ya kammala ya ji abin da aka yi, kuma bai ji daɗi ba.

Kowa bes yake magana. Gangunan fa?

Su ne ma abin da ya fi ba ni mamaki. Babbar gangar ƙafa a yawancin kiɗan rok "dum" take cewa, ka ji ta a ƙirji. A wannan faifan "tak" take cewa. An kwashe mata tsakiya, an ɗaga saman sautinta inda sandar ke dukan fata, har ƙarar dukan ta fi ta gangar kanta fitowa. Ƙaramar gangar tsakiya ita ma a bushe take, "ƙwas", ba ta da jela. Thompson bai ɓoye ba cewa sautin bai yi masa ba, Ulrich ne ya nace.

Sai dai akwai hikima a ciki, ko da an wuce gona da iri. Ulrich yana taka gangar ƙafa biyu da gudu, kamar a ƙarshen "One" inda ganga da jita ke kwaikwayon harbin bindiga mai sarrafa kanta, ko a "Dyers Eve" daga farko har ƙarshe. Da gangar mai kauri ce mai dogon amo, bugun farko ba zai gama mutuwa ba na biyu zai hau kansa, a ƙarshe sai dai a ji guguwa kawai. Da wannan "tak" ɗin kuwa, kowane bugu ana iya ƙirga shi. Makaɗan metal masu tsananin gudu da suka zo a shekarun 1990 da yawansu wannan hanyar suka bi, sai dai su sun bar wa gangar ɗan nauyinta.

Wani abin kuma shi ne yadda aka ɗauke su. Zamanin tef ne, babu kwamfutar da za ta gyara kuskure da danna maɓalli. Waƙoƙin suna da tsayi, suna yawan sauya gudu da ma'auni, don haka gaɓa-gaɓa aka riƙa ɗauka ana bin na'urar ƙirga lokaci, sannan a yanka tef da reza a liƙa mafi kyawun kowace gaɓa. Wannan ya taimaka wajen sa kiɗan ya fito a miƙe sambal, amma ya rage masa numfashi.

Me ya sa faifan gaba ɗaya yake jin a bushe, kamar a matse?

Saboda kusan babu amsa-kuwwa a cikinsa. Faya-fayan rok na shekarun 1980 sun shahara da zuba amsa-kuwwa a kan ganga da murya, don a ji kamar a wani makeken zaure ake kiɗan. "Ride the Lightning" ma yana da ita sosai. A nan an cire ta kusan duka. Jita tana manne da kunnenka, ganga tana manne da jita, babu fili a tsakaninsu, babu kuma bes da zai shimfiɗa musu ƙasa.

Masu kare faifan suna cewa haka ya dace da abin da waƙoƙin ke faɗa, domin magana ce ta shari'ar da kuɗi suka saya, da yaƙi, da sojan da ya rasa gaɓoɓinsa, da lalacewar duniya. Hoton bangon ma mutum-mutumin adalci ne an ɗaure shi da igiyoyi, ma'auninsa cike da daloli. Sauti mai sanyi mara tausayi, in ji su, shi ne rigar da ta dace da irin wannan magana. Na yarda da rabin wannan. Bushewar ta dace, kuma ita ta ba faifan kamannin da babu mai irinsa. Amma ana iya samun bushewar a kuma bar bes. Wanda ya kalli wasan da suka yi a Seattle a 1989, wanda aka fitar a bidiyo daga baya, zai ji waƙoƙin nan da Newsted a cikinsu, kuma babu abin da ya ragu na zafinsu. Ƙaruwa ma suka yi.

An sake fitar da shi a 2018. Me ya sa ba a gyara ba?

Domin sabon mastarin aka yi, ba sabon miksin ba, kuma tazarar da ke tsakaninsu babba ce. Miksin shi ne lokacin da kayan miya ke jere a gabanka, daddawa dabam, gishiri dabam, barkono dabam, kana iya ƙara wannan ka rage wancan. Mastarin kuwa miya ta riga ta dahu a tukunya. Za ka iya ɗumama ta, ka ɗan yayyafa wani abu a sama, amma daddawar da ba a sa da yawa ba tun farko ba za ka iya ƙaro ta ita kaɗai ba. Idan injiniyan mastarin ya ɗaga kaurin faifan, ƙasan jita da gangar ƙafa ne za su fara tasowa, domin su ne suka mamaye wurin.

Fitowar Nuwamban 2018, ta cika shekara talatin, ta ɗan ƙara wa sautin jiki da tsabta, iyakarta ke nan. Ƙungiyar ta ce da saninta ta ƙi taɓa miksin ɗin. Hujjarsu ita ce faifai hoton lokacinsa ne, da kyansa da muninsa, ba kuma sa so su koma suna yi wa tarihi kwaskwarima. Thompson ya ƙara wani dalili na aiki: yawan yanka da liƙin da aka yi wa tef ɗin ganguna ya sa yana shakkar ko zai jure a sake ɗora shi a kan na'ura.

Waɗanda ake gani a YouTube masu bes fa, daga ina suka fito?

Aikin masoya ne, ba na ƙungiyar ba. An fi sanin su da laƙabin "And Justice for Jason". Iri uku ne, kuma ba darajarsu ɗaya ba. Akwai waɗanda aka yi da ainihin layukan Newsted, waɗanda aka samo daga wasannin bidiyo na Guitar Hero da Rock Band. Waɗannan wasannin suna buƙatar kowane kayan kiɗa a ware, don haka sai da aka ba kamfanonin sautin wasu waƙoƙin a rarrabe, masu ƙwaƙwa kuma suka zaƙulo su. Akwai waɗanda wani ne kawai ya ɗauki bes ɗinsa ya kaɗa a kai. Sai na baya-bayan nan, inda ake sa manhaja ta tsamo bes daga cikin faifan, abin da kan fito da ɗan gurɓata tunda abin da za a tsamo ɗin ba shi da yawa.

Na farkon su suka cancanci a saurara. Aibinsu ɗaya: yawancin masu yin su sun rama da wuce gona da iri, sun ɗaga bes har ya danne jita, ya riƙa ƙarar ƙarfe a kunne. Amma ko a haka za ka ji irin aikin da mutumin ya yi, musamman a "Blackened", waƙa ɗaya tilo da sunansa ya fito cikin marubutanta.

Wane bugu ya fi, garmaho, sidi ko na intanet? A waya kuma fa?

Duk miksin ɗaya ne, don haka kada wani ya sayar maka da tsohon faifan garmaho da tsada da sunan a cikinsa bes yake. Bambancin da ke akwai na ɗanɗano ne: bugun farko ya fi sarari tsakanin wurare masu ƙarfi da masu laushi, na 2018 ya fi cika kunne.

Sifikar waya kuwa ba ta iya fitar da haz 41 ko kusa da shi, a kowane faifai. Abin da ke sa ka ji bes a waya shi ne waɗancan sautukan na sama da ke tafiya tare da shi, ƙwaƙwalwa ta cike sauran. A wannan faifan su ne jita ta rufe. Saboda haka a waya ba za ka ji bes ɗin ba ko kaɗan. A nemi iyafis mai kyau ko sifika mai girma.

Duk wannan ya hana faifan kasuwa?

Ko alama. Ya kai mataki na shida a jadawalin Billboard na Amurka, mafi girman da suka taɓa kaiwa a lokacin, kuma zuwa 2003 an tabbatar ya sayar da kwafi miliyan takwas a Amurka kaɗai. "One" ce waƙarsu ta farko da aka yi wa bidiyo, ta kuma ba su kyautar Grammy ta farko a 1990. Shekara ɗaya kafin nan faifan ya shiga takarar Grammy ya sha kaye a hannun Jethro Tull, ƙungiyar da aka fi sani da busa sarewa, hukuncin da har yau ake yi wa dariya.

Sun ɗauki darasi a faifan da ya biyo baya?

Sun ɗauka, har da ƙari. Don faifan 1991, wanda ake kira baƙin faifai saboda launin bangonsa, sun ɗauko Bob Rock, bayan sun ji nauyin sautin da ya yi wa Mötley Crüe a 1989. A situdiyon One on One ɗin nan dai aka yi mafi yawan aikin, abin da ke nuna ɗakin ba shi da laifi. Rock ya sa su kaɗa tare a ɗaki ɗaya, ya mayar wa jita tsakiyarta, ya ba ganguna fili, ya kuma sa Newsted ya riƙa bin gangar ƙafa maimakon bin jita. Waƙoƙin suka gajarta, gudun ya ragu, bes ya fito. Wannan faifan ne ya fi duk nasu kasuwa.

Sai dai rigimar sauti ba ta rabu da su ba. A 2008 "Death Magnetic" ya fito da wata cutar dabam: an matse sautin an ƙure masa ƙara har yana tsagewa. Ted Jensen, wanda ya yi mastarin, ya ce a haka aka kawo masa shi. Abin dariyar shi ne a nan ma wasan Guitar Hero ne ya ceci masu saurare, domin sautin da aka ba wasan ba a matse shi haka ba, mutane suka riƙa cewa ya fi na sidi daɗi.

Shi Newsted me yake cewa yanzu?

Ya bar ƙungiyar a Janairun 2001, Robert Trujillo ya maye gurbinsa a 2003. Ya ce da ya fara jin faifan ransa ya ɓaci matuƙa, domin yana ganin ya yi aikin da ya kamata a ji. Daga baya ya sauko, har yana cewa ba ya goyon bayan a sake haɗa shi, a bar shi yadda ya fito, tunda a haka duniya ta karɓe shi.

Ya kuma ba da wani ɗan labari da ke rage zargin cewa shi aka nufa. A cewarsa, Metallica tun asali ƙungiyar mutum biyu ce, mai jita da mai ganga, kowa kuma daga baya ya zo. Ya ce a jikin kaset ɗin gwajin da suka yi a 1982, shekara huɗu kafin ya shigo, tun ma kafin zuwan Burton, akwai rubutun hannun Ulrich da biro yana umartar mai saurare da ya rage bes a rediyonsa.